Utyos: Kiɗan Dutse da Gajimare na Sergei Rachmaninoff

Utyos, wato Dutse da harshen Rashanci, sunan wani kiɗa ne da Sergei Rachmaninoff ya tsara a shekarar 1893 yana ɗan shekara 20. An rubuta shi ne domin okestira, babbar ƙungiyar makaɗa irin ta Turai wadda ke haɗa masu goge da masu busa da masu ganguna a ƙarƙashin jagora ɗaya, kuma babu muryar mawaƙi ko kalma ɗaya a cikinsa. Kaɗa shi kan ɗauki kusan rubu'in sa'a. Shi ne na bakwai a jerin ayyukan da mai shi ya sa wa lamba, kuma ya sadaukar da shi ga Nikolai Rimsky-Korsakov, ɗaya daga cikin manyan masu tsara kiɗa na Rasha a lokacin.

A bangon rubutaccen kiɗan, Rachmaninoff ya danganta shi da wata gajeriyar waƙa ta Mikhail Lermontov a kan dutse da gajimare. Bayan shekara biyar sai ya rubuta da hannunsa cewa labarin da kiɗan yake bi na Anton Chekhov ne, labarin wani mutum da ya ƙarar da rayuwarsa yana tsalle daga wannan aƙida zuwa waccan har ya wayi gari ba shi da komai. Wannan labari na biyu shi ya haɗa Utyos da tarihin siyasar Rasha na ƙarshen ƙarni na 19.

Mene ne kiɗan labari?

Utyos na cikin nau'in da za a iya kira kiɗan labari: kiɗa mai kashi ɗaya wanda aka gina a kan wata waƙa, ko ƙagaggen labari, ko zane, ko tarihi, ana so mai sauraro ya bi abin da ke faruwa ta hanyar sauti kawai. Franz Liszt, ɗan ƙasar Hangari, shi ya ɗaukaka wannan nau'i a shekarun 1850, ya kuma tsara guda 13. Kafin shi, babban ma'aunin gwanintar mai tsara kiɗa a Turai shi ne simfoni, dogon kiɗa mai kashi huɗu wanda galibi ba ya ɗauke da wani labari.

Mai sauraron da ya saba da taken sarauta ko na sana'a a bakin kalangu da algaita ya san kayan kiɗa na iya ambaton mutum ba tare da an buɗe baki ba. Bambancin shi ne take yana kwaikwayon karin kalmomin da jama'a suka riga suka sani, shi kuwa kiɗan labari mai tsarawa ne ke ƙirƙiro wa kowane mutum ko yanayi gajeren karin sautinsa, sannan ya riƙa juya shi, yana ɗaga shi yana sauke shi, gwargwadon abin da ya samu mai shi a cikin labarin.

Rashawa sun rungumi wannan nau'i da wuri. A 1867 Rimsky-Korsakov ya tsara Sadko a kan wani tsohon labarin gargajiya, a 1869 kuma Pyotr Tchaikovsky ya tsara nasa a kan Romeo da Juliet na Shakespeare. Ke nan lokacin da Rachmaninoff ya taso, hanyar ta riga ta buɗe.

Matashin da ya tsara shi

An haifi Rachmaninoff ranar 1 ga Afrilu, 1873, a lardin Novgorod, cikin gidan masu filaye. Mahaifiyarsa ta zo gidan miji da gandaye biyar a matsayin dukiyar aure, mahaifinsa Vasily ya salwantar da su ɗaya bayan ɗaya ta hanyar bashi da almubazzaranci. A 1882 aka yi gwanjon na ƙarshe, iyalin suka koma wani ɗan ƙaramin gida a birnin Saint Petersburg, ba da jimawa ba kuma iyayen suka rabu.

A 1885 aka tura yaron Mosko, ya zauna a gidan Nikolai Zverev, malamin fiyano mai tsananin horo. A makarantar koyon kiɗa ta Mosko ya yi karatu a hannun Anton Arensky da Sergei Taneyev. Ya kammala a 1892 da babbar lambar zinariya, saboda Aleko, wasan kwaikwayo na waƙe da ya tsara cikin ƙasa da mako uku a kan wata doguwar waƙar Alexander Pushkin. An nuna wasan a dandalin Bolshoi a 1893, Tchaikovsky na cikin mahalarta. Tun yana ɗalibi, a 1891, ya gwada hannunsa a kiɗan labari da wani aiki mai suna Yarima Rostislav, amma ba a kaɗa shi a bainar jama'a ba sai 1945, bayan mutuwarsa.

Watannin zafi na 1893 ya yi su ne a gidan wani attajiri mai suna Lysikov a Lebedyn, wanda a lokacin yake cikin lardin Kharkov. Garin yanzu yana cikin jihar Sumy ta ƙasar Yukren, ɗaya daga cikin jihohin kan iyaka da yaƙin da Rasha ta ƙaddamar a Fabrairun 2022 ya shafa. A can ne ya rubuta Utyos, tare da wani kiɗa na fiyano biyu da ya sadaukar ga Tchaikovsky.

Waƙar Lermontov da labarin Chekhov

Lermontov ya rubuta waƙarsa mai layi takwas a 1841, shekarar da aka kashe shi a wani fito-na-fito da bindiga a garin Pyatigorsk yana ɗan shekara 26. Tun a 1837 Sarki Nicholas na Ɗaya ya kore shi zuwa yankin Kokasus saboda waƙar da ya yi a kan mutuwar Pushkin, inda ya ɗora laifi a kan fadawa. Abin da waƙar dutsen ta ƙunsa kaɗan ne: wani ɗan gajimare ya kwana a jikin tsohon dutse, da safe ya yi gaba abinsa, ya bar dutsen da ɗanshi da kaɗaici. Layuka biyun farko na wannan waƙa Rachmaninoff ya sa a kan rubutaccen kiɗansa.

Waɗannan layuka biyu su ne kuma Chekhov ya sa a goshin labarinsa mai suna Na Puti, wato A Kan Hanya, wanda jaridar Novoye Vremya ta buga a ƙarshen Disambar 1886. Saboda haka tushen biyu ba su saɓa wa juna ba. A 1898 Rachmaninoff ya ba Chekhov kwafin kiɗan, ya rubuta a kai cewa labarinsa ne kiɗan yake bi.

Labarin ya faru ne a daren jajiberin Kirsimeti. Guguwar dusar ƙanƙara ta tsare matafiya a wani masauki na bakin hanya. Akwai Grigory Likharev, ɗan shekara 42, tare da 'yarsa ƙarama Sasha. Sai ga wata budurwa, Marya Ilovaiskaya, 'yar masu filaye, ita ma guguwar ta koro ta. A kan shayi Likharev ya kwance mata bakin jakar rayuwarsa. Yana jami'a ya ba da gaskiya ga kimiyya kamar addini. Daga nan ya koma nihilizim, aƙidar matasan da suka ƙi yarda da kowace hukuma da kowace al'ada. Ya shiga cikin talakawa, ya yi aiki a masana'antu, ya ja jiragen ruwa da igiya a bakin kogi. Ya zama mai kishin al'adun Silabawa, ya zama mai tattara kayan tarihi, ya yi wa'azin soke mallakar dukiya, a ƙarshe ya rungumi koyarwar ƙin rama mugunta, wadda aka fi danganta wa Leo Tolstoy. A kan wannan hanya an ɗaure shi wajen sau biyar, ya cinye dukiyarsa da ta matarsa, matar kuma ta mutu tana bin sa daga wannan wahala zuwa waccan. Yanzu yana kan hanyarsa ta zuwa kula da wata mahaƙar kwal a cikin ƙungurmin fili, wurin da budurwar ta sani, ta kuma san ba a ko biyan albashi a can.

Maganarsa ta kama zuciyar budurwar. Da gari ya waye ta fito da takardar kuɗi za ta ba shi, kunya ta hana ta, ta mayar aljihu. Ta hau keken dokinta mai silalewa a kan ƙanƙara, ta dube shi kamar mai shirin cewa wani abu, ba ta ce ba, ta tafi. Shi kuwa ya tsaya a waje dusar ƙanƙara na lulluɓe shi har ya yi kama da farin dutse.

Rashar da labarin ya fito daga cikinta

Likharev ƙagaggen mutum ne, amma jerin aƙidunsa tarihin tsararsa ne. A 1861 Sarki Alexander na Biyu ya 'yanta manoma fiye da miliyan 20 waɗanda doka ta ɗaure su ga gandayen iyayengijinsu, sai dai an ɗora musu biyan kuɗin filayen na shekaru masu yawa. A 1874 dubban ɗalibai suka bar birane suka bazu cikin ƙauyuka domin wayar da kan manoma. Manoman ba su amsa kiran ba, wasu ma sun miƙa baƙin ga 'yan sanda, aka kama ɗaruruwa. Wani ɓangare na waɗanda suka rage ya koma ga makami, a Maris na 1881 ƙungiyar Narodnaya Volya ta kashe sarkin da bam a Saint Petersburg.

Ɗansa Alexander na Uku ya mayar da martani da matsi: aka tsananta tace jaridu, aka rage 'yancin jami'o'i, aka ƙara wa 'yan sandan ciki ƙarfi. A cikin wannan yanayi na karyewar guiwa Chekhov ya rubuta labarinsa. Shi likita ne, jikan manomin da ya fanshi kansa daga bauta, kuma bai shiga wata jam'iyya ba. Bai yi wa Likharev dariya ba, bai kuma wanke shi ba. Ya nuna mutum mai gaskiya a zuciyarsa wanda bai taɓa yin ƙarya da gangan ba, tare da lissafin mutanen da suka biya kuɗin gaskiyar tasa, musamman matan da suka bi shi ido rufe.

Lokacin da Rachmaninoff ke rubuta kiɗansa, ƙasar ba ta daɗe da fita daga yunwar 1891 zuwa 1892 ba, wadda ita da kwalara suka hallaka dubban ɗaruruwan mutane, suka kuma sake tayar da masu ilimi a kan gwamnati. A 1893 ɗin nan ne wani matashin lauya, Vladimir Ulyanov, wanda aka rataye wansa a 1887 bisa yunƙurin kashe sarki, ya koma Saint Petersburg ya shiga cikin masu bin koyarwar Karl Marx. Shi ne duniya ta sani daga baya da suna Lenin. Rachmaninoff ba ɗan siyasa ba ne, abin da kiɗansa ya ɗauko daga labarin shi ne haɗuwa da rabuwa da kaɗaici. Amma mutumin da ya zaɓa ya ba shi murya tsohon ɗan gwagwarmaya ne da guguwa ta bari a baya.

Yadda kiɗan yake

An rubuta Utyos domin cikakkiyar okestira: gogen Turawa manya da ƙanana, sarewa iri-iri, ƙahonni huɗu, kakaki biyu, sauran kayan busa na tagulla, ganguna, da wani babban molo mai tsirkiya da yawa da ake taɓawa da yatsu. An gina shi a kan manyan karin sauti uku.

Na farko yana zuwa ne tun daga buɗewa, a hankali, daga manyan goge masu kaurin murya. Nauyi gare shi, kuma yana gangarowa ƙasa. Masu nazari na ɗaukarsa a matsayin dutsen, ko Likharev. Na biyu sarewa ce ke kawo shi, da sauri da wasa, yana hawa yana sauka, shi ne gajimaren, ko budurwar. Na uku ɗan gajeren kari ne mai kama da roƙo, wanda ke yawo daga wannan abin busa zuwa wancan, ana fassara shi da begen da ya shiga tsakanin su biyun.

A rabin farko karin budurwar ne ke da fili, yana dawowa sau da yawa da sabuwar riga, wani lokaci a bakin sarewa, wani lokaci a kan tsirkiya. Sannu a hankali karin namijin yake taso wa, yana ƙara ƙarfi, har kayan busa na tagulla su ɗauke shi gaba ɗaya a ƙololuwar kiɗan, daidai da wurin da Likharev ya gama zazzage cikinsa. Daga nan komai ya lafa. Karin sarewa ya leƙo sau ɗaya daga nesa ya ɓace, kiɗan ya ƙare cikin sanyin murya.

Mai kunne zai ji tasirin mutum biyu. Yadda ake raba launin sauti tsakanin kayan kiɗa ya yi kama da hannun Rimsky-Korsakov, yadda ake tara zafi a hankali har ya fashe kuma na Tchaikovsky ne. Sadaukarwar ma tana da ma'ana a siyasar kiɗa ta lokacin, domin akwai gasa tsakanin makaɗan Mosko, waɗanda ke kewaye da Tchaikovsky da Taneyev, da na Saint Petersburg masu kiran kansu 'yan kishin ƙasa, inda Rimsky-Korsakov yake jigo. Matashin ɗan Mosko ya miƙa hannu ne ga ɗaya ɓangaren.

Tchaikovsky da fitowar farko

A Satumban 1893 aka yi wani zama a gidan Taneyev a Mosko, inda aka gwada sabuwar simfonin Tchaikovsky ta shida a kan fiyano. A wannan zama Rachmaninoff ya kaɗa Utyos. Tchaikovsky, mai shekara 53 kuma mafi shahara a makaɗan Rasha, ya yaba, ya kuma nuna niyyarsa ta jagorantar kiɗan da kansa a kakar wasanni mai zuwa. Ga ɗan shekara 20 wanda ke neman abin kansa ta hanyar koyar da fiyano, babu ƙofar da ta fi wannan faɗi.

Ƙofar ba ta buɗe ba. Tchaikovsky ya mutu ranar 6 ga Nuwamba, 1893, kwana tara bayan ya jagoranci simfonin tasa a karon farko. Rachmaninoff ya yi masa makoki da wani kiɗa na mutum uku, mai fiyano da masu goge biyu, wanda shi ne aikinsa na tara.

An fara kaɗa Utyos a bainar jama'a a Mosko ranar 20 ga Maris, 1894, bisa tsohuwar kalandar da Rasha ke amfani da ita a lokacin, wadda ke bayan ta sauran Turai da kwana 12. Ranar ta yi daidai da cikar mai shi shekara 21. Vasily Safonov, shugaban makarantar kiɗa ta Mosko, shi ya jagoranta, kamfanin Jurgenson kuma ya buga rubutaccen kiɗan. A 1896 Alexander Glazunov ya jagorance shi a Saint Petersburg.

Suka da abin da ya biyo baya

A Saint Petersburg ne mai sharhi César Cui, janar na soja kuma mai tsara kiɗa, ya soki aikin da cewa guntaye ne aka jera ba tare da ƙashin baya ba, kuma mai shi ya fi damuwa da ƙawar sauti. Sukar tana da kama, domin har yau masu nazari na lura da yawan maimaicin da ke cikinsa. Duk da haka kiɗan ya samu karɓuwar da ta sa aka amince a gabatar da simfonin Rachmaninoff ta farko a birnin.

Wannan gabatarwa ta Maris 1897, wadda Glazunov ya jagoranta, ta zama abin kunya. Makaɗan ba su samu isasshen atisaye ba, Cui kuma ya kwatanta simfonin da annobar da ta sauka a Masar zamanin Fir'auna. Rachmaninoff ya shiga ƙuncin rai, ya yi kusan shekara uku bai tsara wani babban aiki ba, sai a 1900 da likita Nikolai Dahl ya yi masa magani. A tsakiyar wannan fari Utyos ne ya riƙe sunansa. Ranar 19 ga Afrilu, 1899, a zauren Queen's Hall da ke Landan, ya jagorance shi da kansa a fitowarsa ta farko a wajen Rasha. Ya sake komawa ga kiɗan labari a 1909 da Tsibirin Matattu, wanda ya gina a kan wani zanen Arnold Böcklin, kuma masana na ganin a can ne abin da ya soma a Utyos ya nuna sosai.

Hijira da rigimar gado

Juyin juya halin 1917 ya raba Rachmaninoff da gandun Ivanovka, inda ya rubuta yawancin ayyukansa. A ƙarshen Disamba na shekarar ya bar ƙasar da matarsa da 'ya'yansa mata biyu, ta hanyar Finlan, wani ɓangaren tafiyar a kan buɗaɗɗen keken ƙanƙara. Yana da shekara 44, kusan sa'an Likharev. Bai sake taka ƙasar Rasha ba. Ya isa Amurka a Nuwamban 1918, ya rayu a kan kaɗa fiyano daga gari zuwa gari, kuma cikin shekara 25 da suka rage masa manyan ayyuka shida kawai ya tsara.

A Janairun 1931 ya sa hannu a wata wasiƙa da jaridar New York Times ta buga, wadda ta la'anci zaluncin gwamnatin Sobiyet. Aka mayar masa da martani da ƙaurace wa kiɗansa a makarantun kiɗa na ƙasar na ɗan lokaci. Da Jamus ta mamaye Tarayyar Sobiyet a 1941, sai ya riƙa aika kuɗin wasu wasanninsa domin tallafa wa sojojinta. Ya mutu a Beverly Hills ta jihar Kalifoniya ranar 28 ga Maris, 1943, 'yan makonni bayan ya zama ɗan ƙasar Amurka, aka binne shi a maƙabartar Kensico a jihar New York.

A 2015 ministan al'adu na Rasha, Vladimir Medinsky, ya yi kira da a tono gawarsa a mayar da ita gida, yana zargin Amurkawa da mallake sunan gwarzon Rasha. Zuriyarsa ta ƙi amincewa, kabarin yana nan inda yake. Utyos kuwa bai kai kiɗansa na biyu na fiyano da okestira shahara ba, amma manyan ƙungiyoyin makaɗa sun naɗe shi sau da yawa, kuma ana samunsa a dandalin sauraro na intanet da sunansa na Rashanci ko da lambarsa ta bakwai. Labarin Chekhov shafuka kaɗan ne, wanda ya karanta shi kafin ya saurari kiɗan zai fi gane inda sarewa ta shigo da inda ta fita.